Fukafukan Simalos

A tsibirinmu babu gidan da ba shi da abin tunawa da Simalos masassaƙi. Wani kujera ce da sai ka tokare ta da dutse kafin ka zauna, wani kuma ƙyaure ne da ba ya rufuwa sai an sa kafaɗa. Ni katanga ɗaya ce ta raba mu, yana sassaƙa ina ginin tukwane, saboda haka abin da zan faɗa ba a kasuwa na tsinto shi ba.

Simalos ya ce shi jinin gwanin nan ne na tsibirin Kirit. Labarin gwanin ko yaron goye ya san shi a wajenmu: sarki ya kulle shi tare da ɗansa, shi kuwa ya haɗa musu fukafukai da gashin tsuntsu da kakin zuma suka tashi sama, ɗan ya ƙi jin magana ya matsa kusa da rana, kakin ya narke, ya faɗa teku. Kowa ya ji labarin tausayi ke kama shi. Simalos haushi ke kama shi. A cewarsa kakan nasa ya yi ƙoƙari daidai zamaninsa, amma akwai sakaci a aikin, da shi aka yi wa magana da yaron nan sai ya ga furfurarsa. Na taɓa tambayarsa ta ina ya zama jika alhali ɗan ya nutse bai ko yi aure ba. Ya ce mai tukwane ba zai gane sha'anin manyan gidaje ba.

Rigimar ta faro ne daga jirgin Duromon, wanda ke fito da mutane tsakaninmu da tsibirin tsallake. Duromon ya kawo jirgin a toshe masa wata 'yar tsaga. Simalos ya toshe, sannan ya ƙara masa alheri: ya fafe gindin jirgin ya sa ƙofa, wai don kifi ya riƙa shigowa da kansa ba sai an sha wahalar jefa taru ba. Kifin bai shigo ba. Teku ce ta shigo. Duromon ya fito da iyo yana riƙe da filafilinsa a haƙora, tukwanena da ya ɗauko kuwa har gobe suna can ƙasa. Masu jirage duk suka taru gaban gunkin ubangijin teku, suka rantse ba wanda zai ƙara ɗaukar Simalos sai ya tsaya a tsakiyar kasuwa ya ce ya yi kuskure. Simalos ya ce ƙofa lafiyarta ƙalau, wanda ya buɗe ta ne bai san lokacin buɗewa ba.

Da abin ya tsaya nan da sauƙi. To, ɗansa Lukon, wani ƙaton saurayi mai sanyin hali da cin gurasa kamar mutum uku, yana son Tiyano, 'yar Telon mai awaki a tsallake. Ita ma tana son sa. Amma a al'adarmu uban yaro ne zai taka da ƙafarsa ya je ya roƙi uban yarinya, ba a aike. Tiyano ta jira har ta gaji, ta aiko cewa in bikin matsar inabi ya wuce ba ta ga surukinta ba, ita ba za ta tsufa tana leƙen teku ba.

Mirtale, matar Simalos, ta ce masa ya je kasuwa ya faɗi kalmar nan guda a huta. Ina jin su ta katanga. Har na ɗauka zai yarda. Sai na ji ya ce, "Mirtale, jirgi na waɗanda ba su da gadon komai ne. Ni da Lukon ta sama za mu je."

Ta tambaye shi ko ya sha wani abu ne tun da safe. Ya ce ta dai tanadi gurasar guzuri, kuma kada ta yi nauyi.

Abu na farko gashi. Ya fige zakarun gidansa, bai kai ko rabin fiffike ba. Ya bi shaho kan dutse, shaho ya zazzage masa kashi a ka. Daga nan ya sa ido a kan dinyoyin Inna Kalliyo, wata tsohuwa da ba ta da 'ya'ya sai su. Ya je ya ce mata zafi ya yi yawa bana, ya lura dinyoyin suna haki, in ta yarda zai rage musu gashi kyauta. Ta yarda, ta shiga ɗaki ɗauko masa busasshen ɓaure don godiya. Kafin ta fito ya bar mata babban namijin tsirara, ba komai a jikinsa sai ɗan tuntu a ka.

Abin da Inna Kalliyo ta faɗa masa ranar ba zan maimaita ba, amma ta fara daga kakansa na Kirit ta gangaro. Namijin dinyar kuwa bai ce komai ba. Ya dai riƙe Simalos a rai. Tun daga ranar duk inda ya hango shi sai ya miƙe wuya ya biyo shi da huci, har ya zama Simalos ba ya zuwa rijiya sai ya zagaya ta bayan gari. Yara suka riƙa cewa, ga gwani can yana koyon gudun tashi.

Abu na biyu kaki. Ya ce ba zai nemi izinin kowa ba, ƙudan zuma sun san jinin masu sana'a. Ya hau tudu wajen amyoyi da rana tsaka, ba hayaƙi ba mayafi. Da ya dawo sai ta murya Mirtale ta gane shi. Ido ɗaya ya rufe, leɓe ya yi kamar an ɗora masa gurasa. Duk da haka ya kira ni, ya ce in matso in ji wani ilimi. A cikin wannan kumburin ya gano kuskuren kakansa: kaki ne matsalar tun asali, rana na narkar da shi. Shi da ƙaron itace zai liƙa nasa, ya dama da zuma don ya yi laushi.

Na ce, "Maƙwabci, ai zuma na kiran ƙwari."

Ya ce, "Ƙwari ba sa kaiwa inda za mu kai."

Ya ɗaure sandunan kyauro, ya ja fata a kai, ya shafe da ƙaro, ya liƙa gashi. Kwana da kwanaki unguwar na warin ƙaro. Duk abin da ya taɓa sai ya bi shi. Gizagonsa ya manne a hannu, ya ci abinci da shi, ya gaisa da mutane da shi. Kyanwar Mirtale ta bi ta kan wani fiffike, sai da aka yi mata aski kafin aka ɓamɓare ta.

Da ya gama na gwaji, ya ce ba ya fara aiki da ɗan'adam, shi ba kamar wasu kakanni ba ne. Ya ɗaura wa bunsurunsa, ya hau da shi kan soro, ya tara maƙwabta su shaida. Ya tsaya yana yi mana bayanin yadda iska ke shiga ƙarƙashin gashi, bayansa kuwa bunsuru ya juya kai ya ɗanɗana fiffiken dama. Ya ji zuma. Kafin bayani ya ƙare ya cinye na dama ya kama na hagu. Mun gani, ba wanda ya ce uffan, don bayanin na da daɗi. Da Simalos ya waiwaya ya ga sanduna kawai, sai ya ɗaga hannu ya ce mu dubi wannan, ko dabba ta san aiki mai kyau.

Lukon ya zo wurina da yamma yana murza hannu. Ya ce shi fa ko tsani ba ya son hawa. Na ce ya gaya wa ubansa mana. Ya ce ya gaya masa, uban ya ce tsoron tsani daban, tsoron sama daban, don a sama babu matakin da zai karye. Lukon ya yi tunanin ya haye shi kaɗai, amma me zai ce wa Telon, ga ango ba uba? Ya yi tunanin ya je kasuwa ya ba da haƙuri a madadin uban, Duromon ya ce shi daga bakin wanda ya yi ƙofar yake son ji. A ƙarshe Lukon ya ce in dai faɗawa teku ce za ta nuna wa Tiyano bai yi wasa da ita ba, zai faɗa. Abu ɗaya ya roƙa, a tashi daga Dutsen Masu Nutso, inda samari ke tsalle lokacin zafi, don ƙasansa ruwa ne mai zurfi. Simalos ya so dutsen da ya fi tsawo. Mirtale ta ɗauko taɓarya ta ajiye kusa da shi, sai ya ce da ma iskar Dutsen Masu Nutso ta fi dacewa.

Kafin ranar biki labari ya riga ya haye ruwa. Da gari ya waye, mashigin da ke tsakaninmu da tsallake ya cika da jirage, har da waɗanda suka bar inabinsu a kwando suka zo kallo. Telon na tsakiya a jirginsa, ga Tiyano a gefe ta kama ƙugu. Duromon ya kawo sabon jirginsa ya tsaya daidai ƙasan dutsen, ya ce shi ba ya son a ba shi labari. Mata na sayar da zaitun da cuku a kan tudu kamar ranar kasuwa.

Uba da ɗa suka fito daga gida a karkace, don ƙofa ba ta ɗauke su a miƙe ba. Fukafukan Lukon sun fi ƙyauren haikali faɗi. Gashin dinya a sama, na zakara a tsakiya, can ƙasa da gashi ya ƙare Simalos ya cike da ganyen kabeji. Suna tafiya suna kwasar duk abin da ke hanya, ciyawa, tsumma, har da zanen wata mata da ta shanya.

A bakin dutse Simalos ya juyo ya fuskanci jama'a. Ya gode wa waɗanda suka yi imani da shi, ya ce bai ga ko ɗaya ba amma ya gode. Ya yafe wa masu jirage, ya ba su shawara su fara neman wata sana'a. Ya yi alkawarin in ya dawo zai buɗe makaranta. Rana na ta ɗagawa, zumar da ke cikin ƙaro ta fara naso tana ƙamshi. Rina ɗaya ta zo ta zagaya Lukon. Ta tafi ta dawo da danginta.

Lukon ya ce, "Baba, mu tafi."

Simalos ya dafa kafaɗarsa, hannun ya manne, ya fizge da ƙyar. Ya ce, "Ɗana, saurara da kyau. Kada ka yi sama da yawa. Kada ka yi ƙasa da yawa. Ka biyo bayana, in na karkata ka karkata. In ka ga gaggafa ka gaishe ta, amma kada ka tsaya hira."

"Baba, sun shiga rigata."

"Na biyar kuma..."

Lukon bai ji na biyar ɗin ba. Ya kurma ihu ya zura da gudu, ya yi tsalle. Gaskiya ya kaɗa fukafukan, mun gani da idonmu, sau biyu ko fiye. Sannan ya tafi ƙasa kamar dutsen niƙa. Ruwan da ya fantsama ya jiƙa Duromon har cikin kunne. Mirtale ta damƙe hannuna har farcenta ya shige. Sai ga gashi ya taso, ga ganyen kabeji, can sai ga kan Lukon yana furzar da ruwa. Teku ta ɓalle masa fukafukan, ya yi iyo ya nufi jirgin Telon. Tiyano ta sunkuya ta kamo shi ta gashin kai ta jawo shi ciki, tana faɗa masa cewa ba ta taɓa ganin wawa irinsa ba, tana kuma goge masa fuska da mayafinta.

Simalos ya leƙa ya girgiza kai. Ya ce mu shaida, ya gaya wa yaron nan kada ya yi ƙasa da yawa. Yaran yanzu da na dā duk ɗaya ne.

Jama'a suka ce to saura gwani. Ya matsa bakin dutsen, ya dubi ƙasa, ya daɗe yana dubawa. Ya lashi yatsa ya ɗaga sama. Ya ce iska ta juya, wanda ya san aiki ba ya tashi a irin wannan, za a ɗaga sai bayan biki. Ya fara ja da baya a hankali.

Inna Kalliyo ta rantse daga baya cewa ba sakin namijin dinyar ta yi ba, kuɓuce mata ya yi. Ko ma dai yaya ne, sai muka ga wani abu ja tsirara ya ratsa tsakanin ƙafafun mutane, wuya a miƙe. Ya sami Simalos a sha-raɓa ya datsa. Simalos ya yi tsalle, kuma tsallen gaba ya yi.

Bai kai ruwa ba. Akwai wani tsohon ɓaure da ya tsiro a jikin dutsen, ya miƙa reshe kan teku. Igiyar da ta ɗaure fukafukan a bayansa ta sarƙe a reshen, ƙaro ya kama ganye, gwani ya tsaya cak a tsakani, ƙafafu na wutsil-wutsil. Sannan ya fara juyawa a hankali, kamar naman da aka rataye a inuwa.

Dariyar da aka yi har tsuntsayen teku suka watse. Duromon ya kwanta a jirginsa yana dukan katako. Da aka ɗan lafa, Telon ya sa aka tuƙo shi har ƙarƙashin reshen. Dattijo ne mai son raha, ya ɗaga kai ya gaishe da Simalos kamar sun haɗu a hanya, ya tambayi gajiyar tafiya. Simalos ya ce babu gajiya, ya ɗan tsaya ne ya duba yanayin ƙasa.

Telon ya ce, "An ce kana da magana da ni. Al'ada ta ce ka zo inda nake. To, ga ni a jirgina, ga ka a kansa. A wurina ka iso."

Simalos ya gyara murya. Ya ce, "Ya kai Telon, mai awaki da daraja, na zo ne a kan..." Sai juyi ya kai fuskarsa ga dutse, ya bar wa Telon baya. Aka jira. Da ya zagayo ya ce, "...maganar 'yarka Tiyano, wadda ɗana Lukon, jikan jikan..." Ya sake tafiya. Masu jirage suka fara yi masa kiɗa da filafili, in ya juya baya su yi shiru, in ya dawo su amsa. A zagaye na gaba Tiyano ta ɗaga murya ta ce wa Simalos, "Baba, a bar kakanni, a faɗi abin da ya kawo ka."

Da ya dawo ya faɗa a gaggauce: "Ka ba ɗana ita."

Telon ya ce ya bayar, da sharaɗi ɗaya. Gado, kujera, akwati, ko cokali, kada a ga aikin hannun suruki a ɗakin 'yarsa. Simalos ya buɗe baki zai yi gardama, juyi ya tafi da shi, aka ɗauki shirun a matsayin yarda. Mata suka rangaɗa guɗa daga tudu, Telon ya ce kowa ya biyo shi tsallake, akwai ɗan akuya a wuta da sabon ruwan inabi. Jirage suka fara kwasar mutane.

Lukon ya roƙi Duromon ya tsaya a sauko da ubansa. Duromon ya ce da zuciya ɗaya zai so, amma ya yi rantsuwa ba zai ɗauki mutumin nan a jirgi ba, kuma bai ji an ce komai a kasuwa ba. Sauran ma suka tuna da tasu rantsuwar. Mirtale ta leƙo daga sama ta ce wa Lukon ya tafi wurin amaryarsa, ubansa a hannunta yake.

Tudu ya watse, ya rage ni da ita da jakina da igiyar rijiya. Na ɗaura igiyar zan jefa, ta ce in dakata. Ta zauna a bakin dutsen ta miƙe ƙafa, ta kwance gurasar guzurin nan ta gutsura min, ta fara ci.

Can ƙasa Simalos ya ce, "Mirtale, kina nan?"

"Ina nan, gwani. Ka sauka ne, ko har yanzu tafiya kake?"

Ya ce yana hutawa. Ta ce to ya huta sosai. Rana ta take, rinar da ta rasa Lukon ta gano inda uban yake. Muna jin kiɗan biki daga tsallake, iska na kawo ƙamshin gasasshen nama. Reshen ya yi wata 'yar ƙara.

"Mirtale, ki jefo igiyar."

Ta ce mai fukafukai me zai yi da igiyar rijiya? In dai yana so, ya faɗa da bakinsa cewa ba zai iya tashi ba, ga maƙwabci shaida. Ya ce maƙwabci ya toshe kunne. Ta ce a'a. Ya zagaya sau ɗaya, ya sake zagayawa. Reshen ya ƙara yin ƙara, wannan karon da ƙarfi.

Da wata ƙaramar murya da ban taɓa sanin yana da ita ba ya ce, "Yau dai ba zan iya ba."

Na dubi Mirtale, na ce ai ya sa "yau" a ciki. Ta karkaɗe ɓurɓushin gurasa daga zanenta ta miƙe. Ta ce, "Jefa masa. Tun da aka kawo ni gidansa ban taɓa jin ya matso kusa da gaskiya haka ba."

Jaki ya ja, muka ja, gwani ya hauro da ganyen ɓaure manne a gemu. Mirtale ta kama kunnensa ta nufi gida da shi, ta ce in taimaka mata da tulun man zaitun mafi girma da nake da shi, don wankin ƙaron nan zai kai yamma.